Mai malafar da na so in ɓoye a Jarwal

Ɗazu jikata ta miƙo min waya: "Hajiya, kalli bukkokin nan, wai a Saudiyya suke." Ina ganinsu sai mai malafa ya faɗo min a rai.

Wajen alif ɗari tara da sittin da wani abu ne, ina sayar da kunun gero a Jarwal, wata unguwa a Makka, ba ni da iƙama, wato takardar izinin zama. Akwai wani dattijo baƙi wuluk, mai malafar kaba irin ta manoman garinmu, kullum sai ya zo ya sha. Ba shi da yawan magana, ni kuwa na ɗauka ɗan'uwana ne takari, baƙo daga ƙasashenmu.

Ran nan aka ce ga askarawa nan suna duba takardu. Na bar tukunya, na ja hannun rigarsa: "Baba, taso mu ɓuya!"

Ko gezau bai yi ba. Da Larabci ya ce, "Je ki, 'yata, ni zan tsare miki kunun."

Da ƙura ta lafa na dawo, na tarar da shi zaune yana kore min ƙudaje. Da guntun Larabcina na ce, "Baba, yaushe mutanenku suka ƙetaro teku?"

Ya yi murmushi. "Ba mu ƙetaro ba. Mu mutanen Tihama ne, bakin Bahar Maliya. A bukkar ciyawa aka haifi kakan kakana, gero ya noma. Kununki irin na mahaifiyata ne."

Ashe mai gida na so in ɓoye a gidansa.

Har yau abin yana cina: malafar da geron, su suka ba mu ko mu muka kai musu? Masana tarihi, ku fitar da tsohuwa daga duhu.