Wanda Ya Toshe Indararon Gidanmu

A shekarar da ruwa ya ci Wagadugu cikin yini ɗaya, gidajen bulo sun zube a unguwar Sisin, amma gidanmu na ƙasa a Zongo ko tsagewa bai yi ba. Kakanmu ne ya gina shi da ribar goro, tun ana fatauci da jakuna, magina kuma daga ƙasar Hausa ya ɗauko su. Zaure ne mai bakan gizo biyu, da soro a samansa, rufin azarar giginya, da zankwaye a kusurwoyi. Kaurin bangon ya isa mutum ya zauna a bakin taga ya miƙe ƙafa. Kowace shekara kafin damina mukan kwaɓa ƙasa da makuba mu yi masa yaɓe, mu share indararo don ruwan rufi ya sami hanyar sauka. Iyakar abin da gidan yake nema a wurinmu ke nan.

Bayan ambaliyar, mutanen meri, wato hukumar gari, suka zo suka kafa allon ƙarfe a ƙofar zaure, suka ce gidan ya shiga cikin gidajen tarihi, ba mai rushe shi. Inna, mahaifiyarmu, ta yi murna, domin ɗakinta yana jingine da zauren, can aka kawo ta tana amarya. Yayana kuwa ya ɓata rai. Akwai wani ɗan kasuwa da ya daɗe yana son filin don ya gina bene mai shaguna, Yaya kuma yana son a sayar masa.

"Tarihi za mu ci?" in ji Yaya. "Sun liƙa mana ƙarfe sun tafi, ko shayi ba su saya mana ba."

Inna ta ce, "Kai da na haifa a ɗakin nan? To daga nan za a ɗauki gawata."

Da lokacin yaɓe ya zo, Yaya ya ce meri ta hana a taɓa bangon sai da izini. Shi ya yi lakwal, wato boko, ni kuwa sai yanzu da furfura nake koyon karatu, don haka na yarda. Na je meri neman izinin, aka ce mushen, wato ma'aikacin da ke kula da abin, ya yi tafiya. Na koma, aka ce in sake dawowa. Damina biyu suka wuce gidan bai ga ƙasa ba.

A ta uku rufin zaure ya fara ɗiga, jiƙar ta kai ɗakin Inna. Na sa tsani na hau. Ruwa na tarar kwance a kan rufi har idon sawu. Kowane indararo an cusa masa buhun siminti, an danne da dutse. Iska ba ta yin wannan aiki.

Na sauko da buhu ɗaya na jefa gaban Yaya. "Yaya, Inna fa tana kwana a ƙarƙashin wannan!"

Bai ko musa ba. Ya ce, "An hana mu rushewa. An hana ruwa ne? Ai na ce ta koma unguwar Wemtenga wurin ƙanwarmu, ta ƙi."

Ni mutum ne mai haƙuri, amma ranar da ƙyar na riƙe hannuna. Na buɗe indararon duka, sai dai azara ta riga ta ruɓe. A ranar muka kwashe Inna tana kuka tana kama ƙyaure. Kafin damina ta ƙare, wani ruwa da bai kai ya hana zuwa kasuwa ba ya kayar da zauren, bayan la'asar, muna tsaye muna kallo. Mutanen meri suka zo suka ɗauki hoto, suka cire allonsu suka tafi da shi.

Abin da ya tafi: zaure ɗaya, soro ɗaya, bakan gizo biyu, zankwaye huɗu, ɗakin Inna, da gaisuwa tsakanina da yayana.