Makoki a Masana'antar Tayil

Lokacin da Jidda ke ta gine-gine, na yi aiki a wata masana'antar tayil a unguwar Khumra, ƙarƙashin Italiyawa masu kwana a ɗakunan kwano bayan sito. Da muka ji mahaifiyar maigidanmu ta rasu can ƙasarsu, kuma kafili, wato Balaraben da ya ɗauki nauyin zamansa a Saudiyya, ya hana shi tafiya, sai muka ajiye aiki, muka shimfiɗa tabarma ƙofar ɗakinsa, muka zauna shiru. Ya fito yana ta masifa, ya ɗauka yajin aiki muke. Wani dattijonmu ya ce masa gaisuwar mutuwa muka zo. Ya daɗe tsaye, sannan ya cire takalmi ya zauna cikinmu yana hawaye. 'Yan'uwansa Italiyawa kuwa, ko inji ɗaya ba su kashe ba. Har yau ban yafe musu ba.