Daƙiƙa Huɗun Dakata

Shekara goma sha tara ya yi a masana'antar ƙanensa. A tsawon wannan lokaci ba wanda ya ƙaunace shi, shi ma bai nema ba. Ma'aikata suna kiransa Dakata.

Aikinsa yana tsakanin kwamfuta da injin sassaƙa ƙarfe. Mai zane yakan fitar da hanyar da wuƙar injin za ta bi, manhaja ta juya hanyar zuwa layukan lambobin da injin yake ganewa, sannan a miƙa wa Dakata. Shi kuwa sai ya karkatar da allon don kada a leƙa, ya bi layukan ɗaya bayan ɗaya, duk inda aka sauya wuƙa ya cusa umarnin jira na daƙiƙa huɗu. Wanda ya tambayi dalili, amsarsa ɗaya ce: "Kai ma ka shekara goma sha tara tukuna."

Dalilin kuwa ba shi da tsawo. Tsohon injin ba ya kai cikakken gudu nan take, manhajar kuma ba ta san haka ba. Wannan sanin shi ne kujerar Dakata, kuma ya tabbata ranar da ya furta shi za a janye ta.

Wata safiya ya tafi asibiti saboda ciwon gwiwa, ƙanen ya tura lambobin kai tsaye. Wuƙa ta shiga ƙarfe tun ba ta ɗauki gudu ba, ta karye, ta ɓata aikin kwana uku.

Da ya dawo, ƙanen ya tare shi a ƙofa. "Yaya, me kake sakawa a ciki?"

"Abin da ba ka saka ba."

"Ba wasa nake yi ba. Ko ka faɗa, ko gobe 'yan gwangwan su kwashe injin nan a kan sikeli."

"Ji mai magana. Har yau ko ƙusa ba ka iya bugawa daidai ba."

"Na yarda. To, faɗa."

Dakata ya dubi injin da ya ɗaure wa ƙafafu a siminti da hannunsa. Ya faɗa a jimla ɗaya, yana kallon bango.

Kafin yamma mai zane ya saka jiran a cikin manhajar, aikin minti goma. Yanzu Dakata yana ɗakin ajiya, yana miƙa wuƙaƙe ta taga. Ba ya amsa gaisuwar ƙanensa. Duk sanda injin ya sauya wuƙa, yakan ƙirga huɗu a ransa, ko Allah zai sa ya kama manhajar da kuskure. Har yau bai kama ta ba.