Ungozomar da Ba Ta Iya Lallashi Ba

Duk Makera an san Mama Damaris da hali guda: ba ta taɓa ce wa mai naƙuda "ba zafi" ba. Sauran ungozomomi kan yi ta lallashi, ita kuwa sai ta dubi idonki ta ce, "Da zafi, 'yata, kuma zai ƙaru. Amma ina nan." Mata na tsegumin bakinta a kasuwa, amma ranar da ciki ya juya, sunanta suke kira.

Asibitin da take aiki na ƙungiyar gama kai ne. Tsofaffin ma'aikatan masaƙa suka kafa shi bayan an rufe masaƙun Kakuri. Makanikai, 'yan tireda da matan zumunta na coci suka riƙa kai ajiya, ana juya ta, ana duba iyalansu da rahusa. Ita ma kuɗin sallamar marigayi mijinta can ta zuba. Da ƙungiyar ta rushe, masu ajiya suka kai ƙara, kuma ba wanda zai ga laifinsu, guminsu ne. Kotu ta sa aka garƙame ƙofar asibitin da kwaɗo, ta ce kada kowa ya taɓa sai an yi gwanjon kayan ciki.

Damaris ta ci gaba da zuwa kullum, ta zauna a benci gaban ƙofar da farin kayanta. Wata Laraba da rana tsaka sai ga keke ya kawo Nneka, matar wani mai gyaran mota, da tsohon ciki, jini har ƙafa. Damaris ta taɓa cikin sau ɗaya, ta san ba za a kai gadar kogi da ita ba, balle babban asibiti. Ta ari guduma wurin mai faci, ga ta tsohuwa mai jikoki, amma ta dinga dukan kwaɗon nan har ya saki. Kafin la'asar unguwa ta ji kukan jariri.

Ranar da aka kira ta kan raina kotu, ta zo da bokiti da zane biyu a leda, shirin gidan yari. Alƙalin, mutum mai sanyin hali, ya ga furfurarta ya nema mata mafita.

"Mama, ki ba kotu haƙuri, ki yi alkawari ba za ki sake ba. Shi ke nan, ki tafi gida."

Lauyanta yana ta ƙifta mata ido kamar wanda hayaƙi ya shiga wa. 'Yarta Hephzibah ta raɗa daga baya, "Mama, don Allah ki ce to kawai!"

Tsoro ya kama Damaris ƙwarai, don ba ta taɓa kwana ko a caji ofis ba. Kalma ɗaya ce tsakaninta da gadonta.

"Ranka ya daɗe, haƙuri kam na ba ka, na fasa abin da ba nawa ba. Amma alkawari, a'a. In wata ta zo gobe a haka, zan sake. Ban yi wa mai naƙuda ƙarya ba, ba zan fara da kai ba."

Masu ajiyar da suka zo da fushinsu suka sunkuyar da kai, wasunsu a hannunta suka zo duniya. Alƙali ya daɗe yana duban biro kafin ya yanke mata zaman gidan yari. Ta ɗauki bokitinta da kanta.

Da Hephzibah ta kai mata abinci ziyarar farko, an bar ta tana jira a bakin ƙofa har miyar ta huce. Can wata gandiroba ta fito, hannun riga a naɗe, tana share zufa.

"Ke ce 'yar Mama? Ƙara haƙuri. Wata fursuna ce ke kan gwiwa, ta riƙe hannun Mama ta ƙi saki."