Kariyar Yaya Sale Ta Yi Fure

Shekara tara ke nan da muka kai yayana Sale makwancinsa a nan Makka. Ni ban iya dogon rubutu ba, jiki ma ya gaji, amma bana ina da abin faɗa.

Sale bai bar ɗa ba, bai bar gida ba. Abin da ya bari bishiyar kariya ce, mai gindi kamar tulu, a cikin rabin duro. Tana 'yar ƙarama ya karɓo ta wajen wani direba mai zuwa duwatsun kudu, wai irinta ce a bakin rijiyar garinmu. Lokacin a unguwarmu ta Tandabawi a kafaɗa ake kawo ruwa, maƙwabcinmu Malam Idi kullum yana masa tsiya: "Ya shehu, muna neman na alwala kana shayar da itace?" Sai Sale ya ce, "Ko rabin shayinka ba ta sha."

Bara mai gidan da muke haya ya ce zai rushe ya gina bene, muka dawo unguwar Hindawiyya. Wajen ɗauka gindin duron ya ɓalle, saiwa ta tsinke. Ganye ya zube tas. Na san kariya tana zubar da ganye, amma ban taɓa ganin ta daɗe tsirara haka ba. Matata Hajara ta ce, "Malam, wannan fa ta bi mai ita." Kowace safiya ina latsa gindin in ji ko ya fara ruɓewa, da dare kuma ba na iya barci don tsoron kada ta mutu a hannuna.

Ranar da na dawo daga aikin shara a Arfa, Hajara ta tare ni a ƙofa: "Zo ka gani kafin ka cire takalmi." Furanni ne a bakin rassa, ko ganye ɗaya babu. Gefensu ja, cikinsu fari-fari. Haka halinta yake, fure kan riga ganye. Nan na zauna a ƙasa da ƙurata, na yi wa Sale addu'a.

Da Sale zai ga Makka ta yau, motoci da benaye da famfo a bakin titi, ba na jin za su dame shi. Faɗa zai yi min don na ajiye ta a inuwa.

Mutum ne mai haƙurin jiran abu, kuma wannan haƙurin ya bar mana. Da furen ya gama, na yanke rassa uku na raba wa gidajen 'yan garinmu, na gargaɗe su ruwanta guba ne. Biyu sun kama. Yanzu barci nake yi sosai.