Ranar da Yaya Safiya ta ajiye kyamara

Shekara goma sha ɗaya ke nan da rasuwar yayata Safiya, amma sai watan jiya na iya kai kaset-kaset ɗinta aka juye min su a waya.

Yaya ma'aikaciyar gwamnatin tarayya ce. Da mulki ya dawo hannun farar hula, kuɗi suka fara yawo a Abuja, abokan aikinta suna rububin filaye, ita kuwa kyamarar bidiyo ta saya. Ba biki take ɗauka ba. Ran Asabar takan zauna a ƙofar gidanmu a Kuje ta ɗauki yaran unguwa suna wasa. Na sha yi mata tsiya, takan ce in ina son sanin halin da gari yake ciki, in ajiye jarida in kalli yara.

A kaset na farko wasan ofis suke yi. An ɗora wani a kan bokiti, shi ne oga, sauran sun yi layi da takardu ana ce musu su dawo gobe. Na yi dariya har da hawaye.

Na uku ne ya sanyaya min jiki. Lokacin rusau ne. Yaran sun gina gidaje da jiƙaƙƙen yashi, ɗaya yana bi yana zana musu alama, wani yana tura kwali yana kukan katafila. Ladi, wadda iyayenta suka dawo unguwarmu bayan an rushe musu gida, ta tsuguna ta rufe gininta da hannu biyu. Ba ta yi kuka ba, ta dai ƙi tashi. Nan hoton ya karkace, ba a ganin komai sai ƙafafu, don Yaya ta ajiye kyamarar a ƙasa. Sai ga muryarta: "Oga, wannan gidan yana da takarda, ni na sa hannu. Ku wuce." Suka wuce.

Ko me Yaya za ta ce da wasan yaran yau? Shekaranjiya na tarar da na layinmu da bindigogin kara, sun tsare ƙaraminsu a bayan tanki, wai sun yi garkuwa da shi. Har na buɗe baki zan kore su, sai na fasa. Na yi sallama, na ce ni ce gwaggonsa, na zo tafiya da shi gida. Suka koma gefe suka yi shawara, suka miƙo min hannunsa.

Abin da na gada a wurinta ke nan, kuma sai ranar na sani. Allah ya jiƙan Yaya.