Kunya Uku

Shekarar da Baba ya rasu aka raba gandu, ni na samu gonar bayan gida, wadda ta gangara daga gindin ɗorawa zuwa kwari. A gindin ɗorawar nan muka binne shi, don nan ya ce yana so. Ƙauyenmu yana arewa da Gezawa, inda ba a barin ko tafin hannu babu shuka. Gona na jingine da gona, takin da jakuna ke kwasowa daga Birni shi ke riƙe da mu.

A ƙasan gonar akwai jerin gamba, faɗinsa kamu huɗu, ya gitta gangaren daga iyaka zuwa iyaka. Baba bai taɓa yarda a sa mata fartanya ba. Da kaka a yanka a yi zana, amma saiwar tana nan. Linzami yake ce mata. Ni kuwa tun ina saurayi take ba ni haushi, ciyawa ta zauna kan ƙasa mai kyau kamar baƙon da ya ƙi tafiya. Damina ta farko bayan rasuwarsa na sa garma na tuge ta kaf, na yi huɗa, na samu ƙarin kunya uku na gero.

Inna tana tsaye bakin danga tana kallona.

"Ka cire linzamin?" ta ce.

"Inna, gona ai ba doki ba ce."

"To," ta ce, ta koma ciki. Har yau ina jin wannan "to" ɗin a kunnena.

Geron ya yi kyau, ba zan yi ƙarya ba, har na yi ta cika baki a kasuwa. Sai wata la'asar cikin marka aka yi ruwa kamar da bakin ƙwarya. Da ya ɗauke na zaga, na ga wata 'yar tsaga a inda gambar take, ƙafata ɗaya ta rufe ta. Na cusa mata kara, na manta. Damina ta biyu ta kai gwiwa. Ta uku, mutum ya tsaya a ciki ba a ganin hularsa.

Abin da ya tsorata ni, kwazazzabo da baya yake tafiya. Ruwa ya zubo ta bakinsa, ya rarake ƙarƙashi, bakin ya rufta, sai ka ga ya hau gangare da taku biyu ko uku. Kuma bai karkata dama ko hagu ba. Ɗorawa ya nufa.

Da rani na je na ɗauko wani tsohon mahaƙin rijiya, abokin Baba, wanda ya haƙa rijiyoyi tun daga Ungogo har bakin kogin Watari. Muka sauka cikin ramin. Ya dinga bin bangon da sandarsa kamar mai bin baƙi a allo.

"Wannan baƙar ta sama, ɗani ɗaya, takin kakanninka ne," ya ce. "Wannan jan rairayin da ke binta iska ce ta tara shi, tun ƙasar nan ba ta da mai noma ta. Ba ya riƙe kansa. Yanzu duba ƙasa, ina marmara?"

Na duba. A tudun yamma da gari, in ka haƙa kamu biyu za ka ci karo da marmara, jan dutsen da ke karya bakin dagi. Nan babu ita. Tsohon ya sunkuya ya ɗebo tsakuwa, ya zuba mini a tafi. Sumul take, kamar ƙwan kurciya.

"Wa ya goge ta?"

"Ruwa, Baba."

"To kogi ya taɓa kwana a nan. Rairayi ya binne shi, amma hanyarsa tana nan, ta ƙarƙashin gonarka ta bi, ta gindin ɗorawa. Mun ga irin tsakuwar nan ni da mahaifinka ranar da muka haƙa rijiyar gidanku."

Raina ya ɓaci. "Me ya sa bai faɗa mini ba?"

"Ya faɗa maka mana. Ya ce linzami."

Ba abin da ban yi ba. Na sake dasa gamba, na jibga ƙirare da ƙaya, na yi ta jigilar marmara daga tudu har jakina ya rame. Kwazazzabon ya rage sauri, amma bai tsaya ba. Kowace kaka sai in auna da ƙafa daga bakin ramin zuwa kushewar Baba. Taku arba'in, sai talatin da ɗaya, sai ashirin da biyu. Yayana, wanda bakinsa bai san sauƙi ba, ya ce na je neman kunya uku na samo ta huɗu, wadda ba a shuka a kanta.

Shekarar da ya rage taku tara Inna ta kwanta ciwo. Wani hantsi ta kira ni. Ba faɗa ta yi ba, da ma faɗan ta yi.

"In ta Allah ta kasance, kada ku kai ni gindin ɗorawa," ta ce. "Ku kai ni tudu, kan marmara."

"Inna, kin sha cewa kusa da Baba kike so."

"Na sha faɗa. Amma gara a ce cikinmu akwai ɗaya da jikoki za su san inda yake."

A tudun muka kai ta. Tun hantsi ake haƙa har la'asar sakaliya, dagi biyu suka karye, ba wanda ya yi ƙorafi, ba kuma wanda ya dube ni.

Yau da safe na sake aunawa, taku biyu ne da rabi. Saiwoyin ɗorawa sun fito a bangon ramin suna reto. Malamin garinmu ya ce lalura ta halatta a tashi Baba a sake masa kushewa, gobe za mu yi in Allah ya kai mu, ni zan fara sa dagi. Amma tun azahar gabas ta yi baƙi.